Wa yake rubuta sunan nan a ƙasan allo kafin zuwan Photoshop?

"Assalamu alaikum Malam. Ni matashi ne, ina tace bidiyo a wani ƙaramin shago a Zariya, yawanci na biki da na talla. Kwanan nan na zauna ina kallon tsofaffin shirye-shiryen talabijin na shekarun 1970 da 1980 a YouTube, sai na ga tambari yana juyi yana walƙiya, sunan mai magana yana fitowa a ƙasan allo, har da taswirar yanayi. Abin ya ɗaure mini kai, don na san lokacin babu Photoshop, babu After Effects. Da me suke yi? Kwamfuta ce ko dabarar kyamara? Kuma wannan zane-zanen ya canja talabijin da gaske, ko ado ne kawai? Na ji an ce kun yi aikin tun zamanin kaset."

Wa alaikumus salam, ɗana. Tambaya biyu ka haɗa mini a ƙulli ɗaya: da wane kayan aiki aka yi abin da ka gani, sannan ko abin ya taɓa jikin talabijin ɗin ko kuwa hoda ce aka shafa mata a fuska. Ta farkon ba ta da wuya, sai dai amsarta ba guda ba ce, domin abin da ka ɗauka zamani ɗaya ne zamani uku ne suka cakuɗe. Akwai wanda kwali ne da fenti aka ajiye gaban kyamara. Akwai wanda na'urar lantarki ce da ba ta san lamba ba, ana murɗa mata maɓallai hoto yana lanƙwashewa. Akwai kuma na kwamfuta ta sosai, mai lissafa hoto ɗigo-ɗigo. A tasha ɗaya, a dare ɗaya, kana iya ganin ukun a jere.

Ta biyun ce mai tsoka. Bayan shekarun da na yi tsakanin ɗakin zane da ɗakin da ake haɗa shiri a tura shi iska, ra'ayina shi ne tambarin nan mai walƙiya da ya ɗauke maka ido shi ne autan tasiri. Abubuwa biyu ne suka juya talabijin, kuma ba wanda ke yi musu tafi: samun wurin ajiye hoto guda a cikin ƙwaƙwalwar na'ura, da komawar rubuta suna a kan allo aikin daƙiƙa 10 bayan a da rabin awa yake ci. Bari mu bi ta a hankali.

Zamanin kwali da burushi

Lokacin da na fara aiki, ɗakin zane ɗaki ne mai warin fenti da gam. Ga baƙin kwali jibge a kan kanta, ga farin fenti, ga burushi, ga takardun Letraset, wato haruffan da ake ɗorawa a kan kwali a goga bayansu da bakin biro su manne. In za a yi hira da wani, tun da rana furodusa zai aiko da sunansa da muƙaminsa a 'yar takarda. Mai zane ya ja layi da fensir, ya jera haruffa ɗaya bayan ɗaya yana auna tazararsu da ido. Takardun nan don Turanci aka tsara su, sai ka ga harafin "e" ya yi yawa har ba a san yadda za a yi da shi ba, "a" kuwa, wanda Hausa ba ta da abinci kamarsa, tun sunan mutum na uku ya ƙare. Daga nan sai burushi. Ubangidana a aikin yana zana "a" da hannu a tsakiyar na Letraset, ka sa ido ka kasa ware ta.

In an gama, a kai kwalin kusurwar situdiyo a jingine a kan mariƙinsa, a haska masa fitila, a kafa masa kyamara. A ɗakin haɗa shiri sai na'urar gauraya hotuna ta cinye baƙin ta bar farin, rubutun ya hau kan ƙirjin mai magana. Dalilin da ya sa rubutun zamanin kusan duk fari ne ke nan. Sunayen ma'aikata da ke hawa sama a ƙarshen shiri kuwa, doguwar baƙar takarda ce naɗe a jikin ganga, ana juya ta.

Ka lura da abin da wannan ke ci. Kyamara uku ce a situdiyo, ɗaya ta tafi gadin kwali. Kuma duk abin da ba a sani ba tun da rana, ba zai fito da dare ba. Akwai daren da wani babban jami'i ya turo mataimakinsa a madadinsa ana saura 'yan mintuna a fara shiri. Ba wanda ya tuna da kwali. Darakta ya ce a sa suna, aka sa, bawan Allah ya sha sunan ubangidansa da muƙaminsa a ƙirji na 'yan daƙiƙoƙi kafin a ankara. Shi dai bai yi fushi ba. Wanda ya yi fushin yana gida yana kallo.

Kada ka ɗauka talaucinmu ne ya sa haka. Duniyar nan mai juyawa da BBC ke nunawa tsakanin shiri da shiri, har zuwa 1985 ƙwallo ce ta gaske da aka yi wa fenti, tana juyi a gaban madubi, kyamara na kallonta. Masu hasashen yanayinsu kuwa, daga 1975 zuwa 1985, gajimare da rana na maganaɗisu suke mannawa a jikin taswira da hannunsu, wani lokaci gajimaren ya zame ana tsakiyar bayani. A watan Fabrairun 1985 ne kwamfuta ta karɓi ayyukan biyu.

Me ya hana kwamfuta shigowa da wuri?

Kwamfuta ta daɗe da iya zane. A ƙarshen 1951 ɗan jaridar Amurka Edward R. Murrow ya nuna kwamfutar Whirlwind ta jami'ar MIT a shirinsa na tashar CBS, tana zana hanyar da roka zai bi a kan allonta. John Whitney ya ɗauki na'urar saita bindigar kakkaɓo jiragen sama da ta rage daga Yaƙin Duniya na Biyu, ya mai da ita injin zane, da ita aka yi zobban nan masu murɗewa a farkon fim ɗin Vertigo na 1958. A 1963 Ivan Sutherland, shi ma a MIT, ya fito da Sketchpad, inda mutum ke zane a kan gilashin allo da alƙalami mai ganin haske, kwamfuta tana miƙe masa layi. To in haka ne, me ya sa shekara 20 bayan wannan muna ta fama da burushi?

Ga inda gizo ke saƙa. Allon kwamfutocin farko kamar mai zane da tsinke a kan rairayi yake: harshen haske ya tashi daga nan ya tafi can, layi ya fito. Abin da kwamfuta za ta riƙe kaɗan ne, farkon layi da ƙarshensa. Talabijin kuwa kamar manomi take mai bin kunya-kunya. Tana farawa daga sama ta share layi, ta sauko na ƙasansa, har layi 625 a tsarin PAL da muke amfani da shi a Najeriya, ta kammala hoto 25 a kowace daƙiƙa, ba ta jiran kowa. Duk kwamfutar da za ta ciyar da ita dole ta san launin kowane ɗigo, ta kuma miƙa shi a daidai lokacin da aka iso kansa.

Yi lissafin da kanka. Hoto guda, wanda ku editoci kuke kira firem, a ma'aunin dijital da aka amince da shi a 1982 yana da ɗigo 720 a kwance, 576 a tsaye, jimla 414,720. In ka ba kowane ɗigo bayit 3 (bayit shi ne mudun awon ajiyar kwamfuta), na ja da kore da shuɗi, ka haura bayit miliyan 1.2. Kwamfutar IBM ta kan tebur da ta fito a 1981, ƙaramarta kilobayit 16 gare ta, wato bayit dubu 16 da 'yan kai. Sai ka tara ƙwaƙwalwar irinta fiye da 70 kafin ka riƙe firem ɗaya tak. Basira akwai ta, rumbun ajiya ne ya yi tsada.

Wani Ba'amurke, Lee Harrison, ya kewaye matsalar gaba ɗaya. Kamfaninsa da ke Denver ya ƙera Scanimate a ƙarshen shekarun 1960, kuma da yawa daga cikin rubutun da ka gani yana miƙewa kamar roba, yana kaɗawa kamar tuta, yana ƙyalli, a shirye-shirye da tallace-tallacen Amurka na shekarun 1970, aikinta ne. Ba ta ajiye komai. Ana ɗora zane a kan gilashi mai haske, kyamara ta ɗauka ta tura wani ƙaramin allo, mai aiki ya riƙa wasa da wutar da ke tuƙa harshen hasken allon ta hanyar maɓallai da wayoyi, hoto ya murɗe nan take, wata kyamarar ta sake ɗauka, a zuba masa launi. Guda 8 kacal aka ƙera. Aibinta shi ne in mai talla ya dawo bayan mako ya ce a maimaita masa na rannan, da wuya ya fito sak, don saitin a yatsun mai aiki yake da ɗumin na'urar.

Rumbun hoto da injin rubutu

A watan Afrilun 1973 Richard Shoup, a cibiyar binciken Xerox, kamfanin injin kwafin takardu, da ke Palo Alto a Amurka, ya kama hoton bidiyo ya ajiye a cikin na'urar da ya kira SuperPaint, yadda za a iya yin fenti a kansa ɗigo-ɗigo a mai da shi talabijin. Kamfanin nasa, da hankalinsa ke kan takarda da ofis, bai ga abin yi da ita ba, Shoup ya bar su a 1979. Shekara 10 bayan hoton farko, a 1983, masana'antar talabijin ta ba shi lambar Emmy.

Waɗanda suka mai da abin kasuwa su ne Quantel, wani kamfani a garin Newbury na Ingila. Abin da suka fara sayarwa a 1975 ko zane ba ya yi. Matsalar da ya warware ita ce, hoton da ke zuwa daga waje, daga filin wasa ko tauraron ɗan'adam, ba ya taka rawa ɗaya da na cikin gida. In ka yanka daga wannan zuwa wancan sai allo ya yi tsalle ko ya birkice. Na'urar tana karɓar hoton baƙo, ta ajiye shi ɗan lokaci kaɗan, ta sake shi a kan kiɗan gida. Amma da zarar hoto ya kwana a rumbu, ko na ƙiftawar ido ne, ai ya zama naka: ka ƙanƙanta shi, ka tura shi kusurwa, ka daskarar da shi. A gasar Olamfik ta Montreal a 1976 aka nuna ƙaramin hoto a cikin babba da wannan na'ura. Akwatin nan da ke bayan kafaɗar mai karanta labarai, da raba allo biyu don a ga mai tambaya da mai amsa daga garuruwa daban, duk jikokin wannan ne.

A 1981 suka fito da Paintbox. Allo ne na talabijin, da faranti, da alƙalami mai jin nauyin hannu: ka danna fenti ya yi kauri, ka sassauta ya yi sirara. Kuɗinta wajen dala 250,000. Tashar hasashen yanayi ta Amurka, The Weather Channel, wadda ta buɗe a 1982, tana cikin waɗanda suka fara saye. Ni dai ban yi aiki da ita ba, gidajen da na zauna ba su da wannan ƙarfin, aikinta kawai na gani a kaset ɗin da ake aiko mana. Amma hikimarta a bayyane take. Ba ta nemi mai zane ya koyi lissafi ba. Mutumin da jiya yake riƙe da burushi, yau an miƙa masa alƙalami an ce ci gaba. Taswirar da ke cin yini ta koma ta mintuna, kuma in edita ya ce a canja launin wata ƙasa, ba sai an sake daga farko ba.

Injin rubutu ya riga ta. Tun wajen 1970 ɗakin binciken CBS ya fito da Vidifont, sai Chyron ya biyo baya ya mamaye Amurka, har yau ma'aikatan talabijin a can rubutun ƙasan allo "chyron" suke ce masa ko da wace na'ura aka yi shi, kamar yadda muke ce wa kowane garin sabulu Omo. A Birtaniya sunan Aston ne ya zauna haka. Madannai ne irin na tafireta: ka buga suna, ka ba shi lamba ka ajiye, lokacin da darakta ya kira ka danna lambar. Kyamarar da ke gadin kwali ta koma kan mutane. Ranar da na fara ganin an gyara kuskuren harafi ana tsakiyar labarai, kafin mai magana ya kai ƙarshen jimlarsa, na san sana'ar ubangidana ta zo gangara.

Tambura masu tashi

Yanzu ga abin da ya burge ka. Ranar 2 ga Nuwamban 1982 tashar Channel 4 ta buɗe a Birtaniya da tambarin da Martin Lambie-Nairn ya tsara, sanduna masu launi suna tasowa daga ko'ina su haɗu su zama lamba 4. Sai da aka kai aikin Los Angeles kafin a sami injin da zai lissafa shi yadda ake so. A Burazil, Hans Donner na tashar Globo ya yi ta aiki da kamfanin zanen kwamfuta na PDI da ke Kalifoniya, suka cika allo da ƙwallaye masu sheƙi. Daga nan kowace tasha ta ce ita ma sai tambarinta ya tashi sama.

Me ya sa talabijin ta riga silima cin moriyar wannan? Fim ba gonata ba ce, don haka zan tsaya a abin da lissafi ya nuna. Hoton talabijin ƙarami ne, na majigin silima yana son ɗigo ninkin-ba-ninkin. Tambari daƙiƙa 10 ne, firem 250, kuma za a nuna shi sau dubbai, ko nawa aka kashe ya fanshe. Fim ɗin Tron na 1982, da ake ta ba da labarinsa, abin da kwamfuta ta zana zalla a cikinsa bai wuce minti 20 ba, kuma sai da kamfanoni 4 suka haɗu a kai. Sheƙin ƙarfe da gilashi da ka ga ya yi yawa kuwa, ba wai shi kaɗai suke so ba, shi injin ya iya. Abu mai santsi da kaifin gefe lissafinsa sauƙi gare shi. Fatar mutum, gashi, yadi mai naɗewa, waɗannan sai da aka ƙara shekaru.

Kasuwar ma ba ta yi wa kamfanonin zanen kwamfuta na farko daɗi ba. Kamfanin Omnibus na Kanada ya haɗiye manyan abokan hamayyarsa biyu, Digital Productions da Robert Abel and Associates, a 1986, shekara na zagayowa duka ukun suka rushe tare. Bashin manyan injuna na miliyoyin daloli ya danne su a daidai lokacin da ƙananan injuna masu araha suka fara yin aikin.

Ado ne ko canji?

Ka je gidan kallon ƙwallo ka tsaya a bakin ƙofa. Duk wanda ya shigo a makare, kafin ya nemi benci idonsa na kusurwar allo ta sama: wa ke ci, minti nawa. Ba ya tambayar kowa. Wannan ɗan akwatin da ba ya gushewa, tashar Sky Sports ce ta kafa shi a 1992 da fara gasar Firimiya, a ƙarƙashin David Hill, wanda ya kai shi Fox a Amurka a 1994, kuma da farko masu kallo da yawa ƙorafi suka yi wai yana tare musu wasa. Kafin nan sai ka jira mai sharhi ya ga dama ya faɗa.

Wannan shi ne canjin da nake nufi. A da allon talabijin taga ce, kana leƙa abin da kyamara ta gani. Da rubutu da zane suka yi arha, sai ya zama shafi, ana karanta shi kamar jarida: kanu a ƙasa, agogo a gefe, tambarin tasha a kusurwa, wani labarin yana gudu a ƙarƙashin wanda ake karantawa. Har shirye-shiryen da ba su da abin ɗauka suka samu. Sakamakon zaɓe, farashin kaya, kasafin kuɗi, yanayin gobe, ba wanda kyamara za ta iya zuwa ta ɗauko, sai an zana.

Yana da ɓangaren da ba na so, kuma zan faɗa. A yaƙin Tekun Fasha na 1991 tashoshi irin su CNN sun yi wa yaƙi tambari da kiɗa da taswirori masu kibau masu tsabta, mai kallo yana ganin kibiya tana tafiya, ba ya ganin wanda ta faɗa wa. Zane yana zuwa da kamannin tabbas ko da wanda ya zana shi ji ya yi a bakin wani. Hoton kyamara ma ya rasa rantsuwarsa. Mujallar National Geographic, a bangonta na Fabrairun 1982, ta matso da dalar Giza ta Masar kusa da 'yar'uwarta da kwamfuta don hoton ya shiga tsayin shafi, aka yi ta ce-ce-ku-ce. Mun taso muna cewa gani ya kori ji. Tun daga lokacin maganar ta fara neman gyara.

Yadda ya iso gare mu

Talabijin ba baƙuwa ba ce a nan: Ibadan ta fara a 1959, Kaduna a 1962, Jos ta fara nuna launi a 1975, aka haɗa tashoshi a ƙarƙashin NTA a 1977. Amma shekarun da Paintbox da 'yan'uwanta ke tashe su ne shekarun da kuɗin mai ya ja baya, kuma daga 1986 darajar naira ta faɗi. Na'urar da ake saya da dala, a gyara ta da dala, ta fi ƙarfin yawancin gidaje. Shi ya sa a wuraren da na yi aiki kwali ya daɗe yana zaune kafaɗa da kafaɗa da injin rubutu. In injin ya ƙi tashi, a aika a kira mai burushi.

Sauƙin ya zo ta ƙananan kaya. Kwamfutar Amiga ta 1985 an gina ta a kan bugun siginar talabijin, da ɗan akwati mai araha sai ka ɗora rubutunta a kan bidiyo. Video Toaster, na'urar gauraya hoto da rubutu da aka yi mata a 1990, ta ba ƙananan tashoshin Amurka abin da a da sai mai dubban ɗaruruwan daloli, sai dai tsarin NTSC na Amurka kawai take ji, ba ta yi mana rana ba. Abin da ya cika shagunan bidiyo a nan shi ne ƙananan na'urorin gauraya hoto da akwatunan rubutu. Kaset ɗin bikin iyayenka, inda fuskar amarya ke fitowa a cikin zuciya, hoto ya naɗe kamar tabarma ya tafi, rubutu yana canja launi bakwai, daga nan ne. Mun yi ta danna kowane maɓalli don kawai yana nan. Ban cire kaina ba.

Akwai kuma ciwon da ya zama namu mu kaɗai. Mai burushi ba ya rasa ƙ, ba ya rasa ɗ, ba ya rasa ɓ, lanƙwasa ce kawai zai ƙara. Injunan rubutun da suka zo mana ba su san da su ba. Wasu suka riƙa sa waƙafi a sama bayan harafin, wasu suka yar da ƙugiyar gaba ɗaya. Wata rana da hunturu aka kawo rahoton hazo, na buga kanun yadda injin ya yarda, ya fita iska: "Kura ta mamaye gari". Washegari wani dattijo a unguwarmu ya tare ni da fuska a ɗaure, ya ce shi dai ya kulle awakinsa, in gaya masa ta wace ƙofa ta shigo. Dariya aka yi, amma a ganina injunan nan suna da hannu a sabon da aka yi na rubuta Hausa babu ƙugiya, domin yara sun yi shekaru suna ganin "kasa" da "daki" a kan allo, a wurin da suke ɗauka ba a kuskure. Tsarin Unicode, wanda ke ba kowane harafi lambarsa a kwamfuta, ya shigar da haruffan tun farkon shekarun 1990, saura masu ƙera salon rubutu, da yawansu har yau ba su zana su ba.

Abin da zai amfane ka a shago

Wasu ƙa'idojin da za ka ji tsofaffi na nanatawa daga lalurar tsohon allo suka fito, yana da kyau ka san wanda ya mutu da wanda ke da rai. Mun guji siririn layi a kwance domin tsohuwar talabijin rabi-rabi take zana hoto, layukan mara sannan na cika, layin da ya faɗa a rabi ɗaya sai ya riƙa rawa. Mun guji ja mai ƙarfi domin a kaset ɗin VHS zuba yake yi ya wuce iyakarsa. Waɗannan biyun ba su dame ka sosai ba yanzu. Amma barin fili a gefe, kusan kashi 10 cikin 100 ta kowane ɓangare, wanda muke yi saboda bakin akwatin talabijin yana cinye gefen hoto, ya dawo ta wata ƙofa: a waya, maɓallan manhaja da sunan mai shafi ne ke zaune a wurin. Kaurin harafi da 'yar inuwa a bayansa ma suna nan, don farin rubutu a kan farar shadda ɓacewa yake yi ko a wane zamani. Tsawon zaman suna a allo kuwa, yadda aka koya mini shi ne ka karanta shi a bayyane sau biyu ba da gaggawa ba, sannan ka cire.

Kafin ka zaɓi salon rubutu don aikin Hausa, buga masa "Ɗan ƙauye ya ɓata, Ƙasimu ya ɗauko shi daga Ɓagwai", ka ƙura ido. Da manya da ƙananan duk suna ciki. In ka ga akwati a wurin ƙ, ko ta fito da jiki dabam da na sauran haruffa, siririya a tsakiyar masu kauri, to manhajar ce ta aro ta daga wani salon. Canja tun kafin mai biki ya zo karɓar aikinsa.